Ɓawon emfanada, cikin samosa, sos ɗin ganye: yadda aikin ya tafi a kicin

Kusan duk bayanin da na karanta kafin in fara wannan girki da kwaɓin fulawa yake farawa, sannan haɗin ciki, sannan sos. Haka aka saba jerawa a rubuce, amma ba haka aikin yake tafiya a kicin ba. Wadda ta bi wannan jeri za ta tarar kwaɓinta ya gama hutawa yana jira, ga haɗin ciki yana tururi a tukunya, kuma da zarar ta haɗa su zafin ɗaya zai narkar da botar ɗaya. Ga kuma saɓanin masu koyarwa: wannan ya ce a murza kwaɓi sosai, wancan ya ce kar a kuskura, wannan ya ce haɗin ya zama mai romo, wancan ya ce a busar da shi ƙayau. Sai da na bi aikin daki-daki na gane cewa kowannensu gaskiyarsa yake faɗa, sai dai ba abu ɗaya suke girkawa ba. Shi ya sa na ga ya dace in rubuta yadda na bi, da inda na jira, da inda hankalina ya ɗan tashi, don mai zuwa a bayana ta huta.

Abu uku na haɗa, kowanne daga gidansu. Ɓawon na emfanada ne, wato ɗan kwaɓin fulawa da ake sa wa haɗi a ciki a ninke, irin wadda mutanen Ajantina ke gasawa, mai bota, wanda ke ɓarewa falle-falle in an ciza. Abin cikin na samosar Indiya ne, dankalin turawa da niƙaƙƙen nama da koren wake da kumin. Sos ɗin kuma ya tsaya a tsakanin cimicuri, wanda 'yan Ajantina da Yurugwai ke zubawa a kan gasasshen nama, da koren sos na koriyanda da na'a-na'a da Indiyawa ke dangwala samosa a ciki. Akwai masu ganin irin wannan gamin gambiza ɓata girkin mutane ne. Ni ban yarda ba, kuma tarihin samosar ma yana bayana. Ibn Batuta, da ya zauna a Delhi a ƙarni na 14, ya ba da labarin sambusak da ake kawowa a fadar Sarki Muhammad bin Tughluq, kuma abin da ke ciki niƙaƙƙen nama ne da albasa da almon da fistashiyo da kayan ƙamshi. Babu dankali, babu barkono, domin dukansu 'yan nahiyar Amurka ne, ba su shiga Indiya ba sai bayan da jiragen Fotugal suka fara zuwa can daga 1498. Ke nan dankalin da ke cikin samosa ɗan yankin su emfanada ne tun asali. A lardin Salta na Ajantina ma da yankakken dankali suke cika tasu.

Matakin farko shi ne tara kaya, kuma a nan na fara cin karo da matsalar awo. Wasu bayanan da kofi suke auna fulawa, alhali kofi ɗaya yana iya ɗaukar giram 120 in an zuba a hankali, ya kai 150 in an danna. A kan kofi huɗu wannan bambanci ya wuce giram 100, ya isa ya mayar da kwaɓi mai laushi ya koma mai tsagewa. Don haka na ajiye kofi na ɗauko sikeli. Na auna fulawa giram 500, ta girki ta yau da kullum, ba ta burodi ba, domin ta burodi ta fi yawan furotin kuma tana sa ɓawo ya yi danƙo. Bota giram 150, ƙwai ɗaya na kwaɓi da ɗaya na shafawa, gishiri giram 10, ruwan khal babban cokali ɗaya, ruwan sanyi wajen mililita 130. Na ciki kuwa dankali giram 500, niƙaƙƙen nama giram 300, albasa giram 250, koren wake giram 100. Wannan ya ba ni emfanada ashirin da 'yan kai. Cikin duk kayan, bota da man zaitun ne suka fi cin kuɗi, kuma idan dole sai an rage ɗaya, gara a sauya man zaitun da wani mai marar ƙarfin wari a bar botar, don ita ce ɓawon. A Ajantina da yawa da narkakken kitsen saniya suke kwaɓawa, yana kuma yin kyau, sai dai ɗanɗanonsa yana da nauyi, kuma na ga zai yi kokawa da kayan ƙamshin ciki.

Da yamma na fara da haɗin ciki, ana gobe zan gasa. Na wanke dankalin na zuba shi da ɓawonsa a ruwan sanyi mai gishiri, sannan na kunna wuta. Dalilin barin ɓawon shi ne kar ya sha ruwa, dalilin farawa da ruwan sanyi kuma don ciki da waje su dahu tare. Bayan minti 20 zuwa 25 wuƙa ta shige ba gardama, sai na tsiyaye, na ɓare da zafinsa, na baza shi ya fitar da tururi. Da cokali mai yatsu na farfasa shi, na bar gutsattsari. Kar a kai shi injin markaɗe ko a kirɓa shi, domin sitacin zai fashe ya yi yauƙi, haɗin ya koma abin liƙe takarda. A wani kasko mai faɗi na zuba mai babban cokali uku, da ya yi zafi na watsa ƙwayar kumin ƙaramin cokali ɗaya da rabi. Nan wurin a tsaya a kai ne, don daƙiƙa talatin kawai yake buƙata, da ya fara tsalle yana ƙamshi sai albasa ta bi, in ba haka ba ya ƙone ya ɗaci tukunya gaba ɗaya. Ana soya kayan ƙamshi a mai ne saboda yawancin ƙamshinsu a mai yake narkewa, ba a ruwa ba. Albasar na ba ta minti goma a matsakaiciyar wuta har ta yi laushi ta fara ja, na sa tafarnuwa da ɗanyar citta, sai garin koriyanda da kurkum da barkono, sannan naman.

Da naman ya shiga sai ya saki ruwa, kaskon ya koma kamar ana dafa miya. A nan ne saɓanin nan na romo da bushewa ya tsaya mini a rai. Masu emfanada suna alfahari da wadda ke ɗigar romo in an ciza, shi ya sa suke cika albasa, wasu ma su ƙi niƙa naman su yanka shi ƙanana da wuƙa, sannan su kwanar da haɗin a firij har kitsen da romon su daskare a iya naɗewa. Masu samosa kuwa busasshen haɗi suke so, don kar ɓawon ya jiƙe a cikin mai. Dankali ne ya sasanta su. Na bar naman a wuta har ruwan ya ƙafe ya fara soyuwa a cikin mansa, na zuba koren waken, sannan na juye dankalin, wanda ya shanye ɗan abin da ya rage ya riƙe shi. Gwajin da ya fi mini amfani shi ne in ja cokali a gindin kaskon: idan ruwa ya biyo ya rufe layin, da saura, idan layin ya tsaya yana ƙyallin mai kawai, an gama. Niƙaƙƙen nama yana buƙatar kaiwa digiri 71 a ma'aunin Selsiyos, na kaza 74, kuma gara a tabbatar da haka a kasko da a dogara ga oben. Garam masala, wato haɗin garin kayan ƙamshi na Indiyawa, a ƙarshe na barbaɗa bayan na kashe wuta, don ƙamshinsa ba ya jure dogon dahuwa. Gishiri kuma na sa ya ɗan fi yadda zan so in da haka zan ci, saboda ɓawo zai rage masa kaifi.

Sai jira na farko, wanda shi ne mafi tsawo. Hausawa na cewa a bari ya huce shi ke kawo rabon wani, to a wannan girki dai dole a bari ya huce, kuma rabon wani da gaske yake, don ƙamshin yana janyo masu ɗanɗanawa. Na juye haɗin a faffaɗan tire na baza shi siriri don ya saki zafi da wuri, ya shiga firij kafin awa biyu su cika. Wannan ba tsanani ba ne. Tsakanin digiri 5 da 60 ne ƙwayoyin cuta suka fi hayayyafa a abinci, kuma tulin dankali da nama a tukunya mai zurfi yana daɗewa a wannan tsakani. Da safe na same shi ya kame, ana iya ɗiba da cokali ya tsaya a dunƙule, kuma ɗanɗanon ya fi na jiya zama. Wadda ba ta da halin kwanar da shi ta ba shi aƙalla awa biyu a firij, ta kuma taɓa tsakiyarsa da yatsa, ba samansa kaɗai ba.

Kwaɓi shi ne aikin safe. Na yayyanka botar ƙanana na sa a firiza minti 15, na jefa ƙanƙara a ruwan kwaɓin. Bota tana narkewa ne tun daga wajen digiri 32 zuwa 35, ƙasa da zafin jikin mutum, ke nan tafin hannu kaɗai ya isa ya narkar da ita. Kuma ba mai ce zalla ba, kusan kashi 80 cikin 100 ne mai, yawancin sauran ruwa ne. Idan gutsattsarinta suka isa oben a daskare, wannan ruwan zai zama tururi ya ɗaga kwaɓin falle-falle. Idan ta narke tun a kwano, fulawa ta shanye ta, ɓawon zai fito a cushe. Da kan yatsu na murtsuke ta cikin fulawa da gishiri, da sauri, har haɗin ya koma kamar yashi mai tsakuwa, wasu gutsattsarin suna nan ana gani. Na kaɗa ƙwai da khal da yawancin ruwan na zuba, ina juyawa da cokali. A nan gabana ya ɗan faɗi, don abin ya yi kama da ba zai taɓa haɗuwa ba, garin yana ta zubewa gefe, hannu na ƙaiƙayin ƙara ruwa. A daure. A damƙi kaɗan a tafin hannu, in ya dunƙule bai warware ba ruwan ya isa, sauran fulawar za ta jiƙa da kanta lokacin hutu. In ya warware, a ƙara ƙaramin cokali ɗaya-ɗaya.

Maganar murzawa kuwa ga yadda na fahimce ta. A cikin fulawar alkama akwai furotin iri biyu, gulutenin da giliyadin, waɗanda in sun haɗu da ruwa aka murza suke sarƙewa su zama gulutin, abin da ke ba kwaɓi danƙo. Mai yin burodi yana son sa da yawa. Mai yin ɓawon da za a shimfiɗa a faranti ba ya son sa ko kaɗan. Emfanada tana tsakiya, domin za a ninke ta a murɗe bakinta, kuma kwaɓin da ba shi da danƙo ko kaɗan tsagewa yake a wurin ninki. Minti ɗaya na murza, iyakar ya haɗe jikinsa ya daina zubewa, ban jira ya yi santsi ba. Na raba biyu, na danne kowanne ya yi faɗi, na naɗe a leda, sai firij na awa ɗaya. Wannan shi ne jira na biyu, kuma yana yin aiki uku a lokaci guda: ruwa ya ratsa fulawa, gulutin ya saki jiki, bota ta sake daskarewa.

Cikin wannan awar na fara sos, kuma nan ma akwai saɓani. Cimicuri ya fi daɗi in ya zauna wasu sa'o'i, shi kuwa koren sos na Indiya sabo ake so. Wadda ta haɗa komai tun safe za ta ga koren ya dusashe ya koma ruwan ƙasa-ƙasa kafin a ci, saboda tsami yana fitar da sinadarin maganiziyam daga kalorofil, abin da ke ba ganye korensa. Sai na raba aikin biyu. Tun da wuri na daddage tafarnuwa sala uku da koren barkono ɗaya, na haɗa da busasshen origano ƙaramin cokali ɗaya da gishiri, na jiƙa su a khal babban cokali biyu da ruwan lemun tsami cokali ɗaya. Tsamin yana kwantar da zafin ɗanyar tafarnuwa, origanon kuma ya samu ya jiƙa. Wani lokaci tafarnuwa kan yi shuɗi-shuɗi a cikin khal, ba lalacewa ta yi ba, ana iya cin ta. Ganyen kuwa, fasli giram 40, koriyanda giram 20, na'a-na'a giram 10, na wanke na shanya a kan tsumma mai tsabta har suka bushe sarai, don jiƙaƙƙen ganye dagargajewa yake a ƙarƙashin wuƙa maimakon ya yanku. Da wuƙa mai kaifi na yanka su, ban sa a inji ba. Injin yana da sauri, amma yana mayar da sos ɗin kunu, kuma man zaitun mai kyau yakan yi ɗaci in aka kaɗa shi da ƙarfi haka. Na zuba man mililita 120 a kan ganyen ya lulluɓe shi, na ajiye kwanukan biyu daban, ban haɗa ba sai da emfanadar ta shiga oben.

Murji da naɗi su ne inda lokaci ya fi tafiya. Na fito da rabi ɗaya na bar ɗayan a firij, na ba shi minti goma ya ɗan saki, na barbaɗa fulawa kaɗan a tebur na fara murzawa daga tsakiya zuwa waje, ina juya shi. Idan kwaɓi yana komawa baya duk sanda aka ɗaga abin murji, ba ƙarfi yake so ba, a rufe shi a ba shi minti biyar. Kaurin da na nema milimita 2 zuwa 3 ne. Ƙasa da haka yana yagewa, sama da haka wurin ninkin yana fitowa ɗanye a ciki. Da bakin kwano mai faɗin santimita 12 na yanka. Ragowar gefe ban cure su ba, na jera su wani kan wani na sake murzawa, don fallayen botar su ci gaba da kwanciya. Kowane zagaye na sa masa haɗi cokali ɗaya da rabi, giram 35 zuwa 40, na bar gefe kamar faɗin yatsa babu komai. Ido zai ce ya yi kaɗan, amma duk wadda ta fashe mini a oben daga cikin waɗanda suka fi cika ne. Na shafa ruwa kaɗan da yatsa a rabin gefen, na ninke, na fara dannewa daga kusa da haɗin zuwa waje don iska ta fita, domin iskar da aka rufe a ciki kumbura take da zafi ta buɗe baki. A kula kar mai ko gutsuren dankali ya taɓa gefen, wurin ba zai liƙe ba.

Rufe baki hanya biyu ne. Cokali mai yatsu ya fi sauƙi kuma yana riƙewa. Murɗin hannu irin na 'yan Ajantina ya fi kyau a ido: a kama kusurwa a lanƙwaso ta ciki a danne da babban yatsa, a kama gefen da ya biyo a lanƙwaso a kan na farko, haka har ƙarshe. A can ba ado kaɗai ba ne, da salon murɗin ake bambanta ta nama da ta kaza da ta cuku a tire ɗaya, dabara ce mai amfani ga wadda ta yi haɗi fiye da ɗaya. Hannu yana ɗaukar salon bayan 'yan kaɗan, na farkon dai a ajiye su a ƙasan faranti. Kusan awa guda naɗin ya ci, kuma ana cikin yi kwaɓin ya fara laushi yana maiƙo a yatsa, alamar botar na narkewa. Duk tiren da ya cika sai in tura shi firij. Wannan ne jira na uku, minti 20, kuma a cikinsa na kunna oben a digiri 200, tare da tiren gashin a ciki don ya yi zafi. Mai oben mai fanka ta sa 180. Zafin tiren ne ke kama gindin emfanada nan take kafin damshin ciki ya sauko ya jiƙa shi.

Na jera su a takardar gashi da tazara, na shafa ƙwai da aka kaɗa da madara cokali ɗaya, na huda kowacce sau ɗaya da bakin wuƙa don tururi ya sami hanya, sannan na zame takardar a kan tiren mai zafi. Minti 15 na farko ban buɗe ƙofa ba. Ta gilashi na ga bota na ɗan tsatsowa a gefe tana tafasa, raina ya ɗan sosu, ashe kaɗan ba komai ba ne, sai in ta malale tire ne ake cewa kwaɓin bai yi sanyi ba. Bayan nan na juya tiren, don kusan kowane oben yana da gefen da ya fi ci. Tsakanin minti 22 da 25 suka yi. Agogo jagora ne kawai, launi ne hukunci, kuma a ɗaga ɗaya a duba gindinta. Jan nan da ake nema ba don kyau kaɗai ba ne, haɗuwar furotin da sukari ce a zafi, wadda masanin Faransa Louis-Camille Maillard ya bayyana a 1912, kuma daga ita ƙamshin gashi yake fitowa. Emfanadar da aka cire tana fari-fari ta dahu, amma ɗanɗanon fulawa ne zai fi yawa. Na kwashe su zuwa kan raga, ba faranti ba, don kar tururinsu ya koma musu ta ƙasa, na ba su minti goma. Dankali yana riƙe zafi fiye da yadda ɓawon ke nunawa.

Na ware kaɗan na soya don in ga bambanci, ban huda su ba, ban kuma shafa ƙwai ba. A mai mai zafin digiri 175, uku-uku, minti uku zuwa huɗu. Sun ciwu, amma sun yi nauyi, don kwaɓi mai bota giram 150 na oben ne. Wadda ta san suya za ta yi ta rage botar zuwa rabi ta ƙara ruwa kaɗan. Kar kuma a ɗauko ƙa'idar samosa, wadda ake soyawa a hankali a mai marar zafi sosai, a ɗora wa wannan kwaɓi. Kwaɓin samosa mai tauri ne mai ƙarancin ruwa, yana jure haka, wannan kuwa mai zai sha.

Yayata ce ta fara ci, kuma ba ta taɓa sos ɗin ba. Ta ce, "Ya yi daɗi, amma biyu sun ishi mutum, akwai maiƙo." Na ce, "Yaya, ki ɗan fasa ta ki zuba wannan koren a ciki tukuna." Ta zuba, ta ci, ba ta ƙara maganar maiƙo ba. Wannan ya tabbatar mini da abin da nake zato game da irin wannan haɗi, cewa sai kowane ɓangare ya riƙe aiki ɗaya. Ɓawo ya riƙe maiƙo da ƙaras-ƙaras, ciki ya riƙe ɗumi da kayan ƙamshi, sos ya riƙe tsami da ɗanyen ganye. Shi ya sa ban matsa lemun tsami da yawa a haɗin ciki ba, ko da yake masu samosa suna tsamama nasu, ban kuma sa kumin a sos ba. Inda gamin girki yake lalacewa shi ne a zuba komai a ko'ina har harshe ya rasa abin kamawa. Cikin abubuwan da 'yan Ajantina ke ƙarawa, dafaffen ƙwai ya zauna da wannan haɗi lafiya, busasshen inabi ma haka ga mai son ɗan zaƙi, tunda Indiyawa ma sukan sa shi. 'Ya'yan zaitun ne ban ga sun jitu da garam masala ba, a bakina dai. Kuma a zuba sos ɗin a ciki bayan an ciza ko an fasa, ba a kan ɓawo ba, in ba haka ba duk wahalar da aka sha kan bota ta tafi a jiƙe.

Idan na lissafa, aikin hannu bai wuce awa biyu da rabi ba, jiran ne ya fi shi yawa, kuma duk jiran nan uku abu ɗaya suke karewa, wato kar zafi ya taɓa botar kafin oben. Don haka jerin da zan ba kowa shi ne haɗin ciki tun jiya, kwaɓi da safe, jiƙon tafarnuwa cikin hutun kwaɓi, haɗa ganye lokacin gashi. Ba girkin da za a fara bayan baƙi sun yi sallama ba ne. Amma yana da wani sauƙi da ya biya wahalar, domin ɗanyar emfanada tana zama a firiza lafiya. A jera su a tire ba tare da sun taɓa juna ba har su daskare, sannan a juye a leda mai rufi, suna kai wata uku. Ranar gashi kar a bari su narke, a shafa ƙwai a sa su a oben a daskarensu, a ƙara minti biyar zuwa goma. Waɗanda aka riga aka gasa kuwa a ɗumama su a oben a digiri 180 na minti takwas zuwa goma. Maikurowef yana ɗumama ciki, amma ɓawon laushi yake yi.

Sos ɗin ne ba ya son ajiya, kuma a nan maganar ta lafiya ce. Ɗanyar tafarnuwa da ɗanyen ganye a cikin mai wuri ne marar iska, irin wanda ƙwayar cutar botulizim ke iya girma a ciki idan aka bar shi a zafin ɗaki, kuma gubarta ba lallai ta sauya wari ko ɗanɗano ba. Khal ɗin da ke ciki yana taimakawa, amma awon kicin ba abin dogara ba ne a wannan. Abin da ya rage ya shiga kwalba mai tsabta ya tafi firij da an tashi daga cin abinci, a kuma cinye shi cikin kwana uku zuwa huɗu. Idan ya fi haka yawa, a zuba a tiren ƙanƙara a daskarar, a riƙa ciro ɗaya ko biyu duk ranar da za a gasa na firiza. Launin zai ɗan dusashe bayan ya narke, sai a yanka sabon fasli kaɗan a juya a ciki kafin a kai tebur.